Katakon da Ke Ƙarƙashin Totur

Kafintan nan ba wanda ke kiran sunansa na yanka, sai dai Ɗari Uku. Dalili kuwa motarsa ce, wata tsohuwar jar mota mai ƙofa biyu, mai turbo, wato na'urar da ke cusa wa inji iska ya ƙara ƙarfi. Ko ruwa ka roƙe shi sai ya gaya maka injinta ƙarfin doki ɗari uku ne.

To, turbon ya lalace, mota ta yi shekara biyu a lulluɓe da tamfol, kaji na ƙwai a ƙarƙashinta. Ƙanensa bakanike, autan gidansu, shi ya ja ta garejinsa ya gyara. Ranar da ta dawo, kafinta ya hau babban titi ya taka totur iya ƙarfinsa, sai ga motar ɗaukar yashi ta wuce shi. Ya juyo gareji, a gaban masu kawo gyara ya ce Auta ya cire turbo na asali ya maƙala masa na banza. Auta ya ce a bari ya sake dubawa, yayan ya fizge makulli ya tafi. Wata bakwai ko gaisuwa babu. Matansu ma sai a ɓoye suke aika wa juna saƙo.

Da kafinta ya ji an buɗe wurin auna ƙarfin inji, sai ya aika wa Auta ya zo ya ga ƙaryarsa ta ƙare. Ya ɗauko abokinsa tela ya zama shaida, mutumin da magana ba ta kwana a cikinsa.

Mai na'urar awon ya hau da motar kan wasu ƙarafa masu juyawa, ya ɗaure ta da bel, ya shiga ya taka. Inji ya yi gurnani, allo ya nuna ɗari da sittin. Tela ya ce sauran dawakan sun tafi kiwo ke nan. Kafinta ya harɗe hannu yana kallon ƙanensa.

Auta ya matso kusa da motar. Ya ce dai shi kunnensa bai ji turbon ya buɗe murya ba. Ya durƙusa ta ƙofar direba, ya ɗaga kafet, ya karɓi sukurudireba. Kafinta na tsaye a kansa, shi kaɗai ya ga abin da ya fito: ɗan katako, an goge shi sumul, an rage masa kaifin gefe, ga layin fensir inda aka auna.

Aikin hannunsa ne, ko a cikin dubu zai gane shi. Shi ya ɗaure shi a ƙarƙashin totur lokacin da 'yarsa ke koyon tuƙi, don kada ta taka ya kai ƙasa. A makon ne turbo ya mutu, yarinya ta tafi karatu, shi kuma ya manta sarai. Gumi ya karyo masa har cikin kunne.

Auta ya zura katakon a aljihun rigar aikinsa, ya miƙe ya ce wayar totur ce ta saki, ya ɗaure. Aka sake takawa. Wannan karon turbo ya yi fito har tela ya toshe kunne, allo ya tsaya a ɗari biyu da tamanin da biyar. Mai na'urar ya ce a shekarun motar nan, wanda ya gyara ta ya san aikinsa.

Tela ya soma cewa ai waya ma sakacin bakanike ce, kuma Auta ya sunkuyar da kai zai haɗiye wannan ma. Nan kafinta ya kasa jurewa.

"Auta, fito da shi."

"Bar shi, Yaya."

"Fito da shi, na ce."

Ya karɓi katakon ya ɗora a tafin tela, ya ce shi ya sassaƙa, shi ya ɗaure, shi kuma ya kira ɗan'uwansa ɓarawo. Ya roƙi tela, tunda bakinsa ba ya gajiya, ya kai labarin duk inda ya kai na farko.

Sannan ya miƙa wa Auta makulli ba tare da ya iya ɗaga ido ba, ya zagaya ya zauna a kujerar fasinja. Auta ya gyara madubi, ya ce, "Katakon dai ya yi kyau, Yaya. Ko motsi bai yi ba."