Tattabarun Malam Yahuza

A layinsu na unguwar Takur ba wanda ke wahalar yi wa baƙo kwatancen gidan Malam Yahuza. Ce masa kawai ake yi ya ɗaga kai, inda ya hango tattabaru na shawagi kamar an yi ɓarin gero, to ya iso. Matarsa Lauratu in ta ji wannan kwatancen sai ranta ya ɓaci har yamma. Malamar firamare ce, mai tsabtar tsiya, amma Allah ya haɗa ta da mijin da ya mayar mata da tsakar gida makewayin tsuntsaye. Ta yi shanya su ɓata mata zannuwa, ta baza kuɓewa su bi ta kai su tattake. Katangar gabas duk tukwanensu ne a jere, da tukwanen suka yi kaɗan kuma Malam ya kafa musu ɗakin langa-langa daidai tagar ɗakinsa, wai don ya riƙa jin motsinsu. Shi ke share musu da kansa, a bushe, ƙura na tashi yana ciki yana yi musu hira.

Duk wannan ta haƙura da shi shekara da shekaru, don kowane namiji da irin haukansa, gara ma na tsuntsu. Abin da ya hana ta sakat shi ne tarin.

Kamar wasa ya fara, busasshen tari da safe. Daga nan sai haki. Mutumin da a da ba a iya tare shi in ya kama magana, ya koma in ya ɗauko zance sai ya yanka shi gida biyu ya huta a tsakiya. Masallacin bakin layi ya zama masa tafiya, sai ya dafa katangar maƙwabta a hanya. Ya rame har agogonsa na yawo a hannu. An gwada tarin fuka, babu. An sha zuma da tafarnuwa, an sha habbatussauda, an kusa kwashe kantin maganin unguwar, tari na nan daram.

Lauratu ce ta fara lura da wani abu. Da ofis suka tura shi kwas Kaduna, sai ga shi ya dawo da kumatu, yana dariya har da buga cinya. Bai rufa mako a gida ba tari ya sake yin sallama.

"Abban Safina," ta ce masa yana watsa wa tattabaru dawa, "ka lura kuwa? In ka bar gidan nan sai ka warke, in ka dawo sai ciwo ya dawo."

"Na lura mana, ai na riga ki." Ya yi tari ya share baki. "A garin nan abin yake. Tun da aka ba ni kujerar nan a sakatariya... wasu ba su ƙara barci ba. Jifa ce, Lauratu."

"Wace irin jifa kuma? Ni wallahi ƙurar tsuntsayen nan nake zargi."

"Kul! Kada in ƙara ji. Marigayi Baba ya sha faɗa mana, gidan da ke da tattabara, in an yi jifa a kanta take sauka. Waɗannan da kike rainawa su ke tare mini. Da ba don su ba... da tuni kina takaba."

Ta kwashe shanyarta ta shige ɗaki. Ranar kasuwar Shuwarin sai ga shi da kwando a adaidaita sahu, ya ƙaro wasu, wai tun da ciwon na gaba alama ce masu gadin sun yi kaɗan. Haka gidan ya koma: tari ya ƙaru a ƙaro tattabaru, tattabaru su ƙaru tari ya ƙaru. Ta kai ƙara wajen limamin unguwa, liman ya zaunar da shi ya gaya masa gaba da gaba cewa wannan camfi ne, ba shi da asali a addini. Malam Yahuza ya ce haka ne, Allah gafarta Malam, ya dawo gida ya canza musu ruwa.

Da ƙyar da siɗin goshi ta ja shi wajen likitan ƙirji. Likitan ya duba hoton huhu, ya ɗora abin saurare a bayansa ya daɗe yana ji, sannan ya ce, "Malam, kana kiwon tsuntsaye?"

Saura kaɗan Lauratu ta rangaɗa guɗa a ofishin mutane.

"Tattabaru ne, likita," ta yi karaf ta amsa, "sun fi mu yawa a gidan, sun kuma fi mu gata."

Likitan ya yi musu bayani a tsanake. Ya ce akwai wata ƙura mai laushi da ke fita daga gashin tsuntsu da busasshen kashinsa. Wani ya shekara yana shaƙa ba abin da zai same shi, wani kuwa huhunsa ba ya shiri da ita, sai ya kumbura. In aka ci gaba ya yi tabo ya ƙandare, tabon kuma ba ya gogewa. "Naka ya fara," ya ce. "Zan ba ka magani, amma muddin kana tare da su aikin banza ne."

"Likita, to in na rage su fa?"

"Ko ɗaya kada ka bari."

A hanyar gida sai harararta yake yi, kamar ita ta haɗa baki da likitan. Daga ƙarshe dai ya yarda, amma da sharaɗi: ba yanka, ba sayarwa, aro zai bayar. Lauratu ta kira wanta Habibullahi, manomi a Taura, ya zo da kwanduna ya kwashe su tas. Can ya fige musu gashin fiffike yadda ake yi wa baƙuwar tattabara don ta saba da sabon gida. Tukwane da ɗakin langa-langa kuwa Malam ya ce kada wanda ya taɓa. Lauratu ta wanke abin da zai wanku, ta yi shanyarta ta kwashe fes, ta ce alhamdulillahi. Tarin ma ya ɗan lafa.

Ashe an gudu ne ba a tsira ba. Wata rana da hantsi tana wanke-wanke ta ji fat-fat-fat a kan katanga. Ta ɗaga kai ta ga wata fara zaune a bakin tukunya tana gyara gashi, kamar wadda ta dawo daga unguwa. Kafin la'asar katanga ta cika. Gashi ya fito musu, sun kamo hanya. Daga Taura fa! Tafiyar da mota ma sai ta yi nishi.

Malam Yahuza ya tsaya a tsakiyarsu idonsa taf da ƙwalla.

"Kin gani ko? Tsuntsu ma ya san amana. Sun san an bar ni... ba kariya."

"Sun san inda ake cin dawar banza dai! Haba Abban Safina, don girman Allah, me likita ya ce maka?"

"Likita huhu ya sani. Bai san mutanen sakatariya ba."

Daga ranar Lauratu ta shiga yaƙi. Ta kore su da tsintsiya, su yi sama su zagayo su sauka a bayanta. Ta ɗaura ledoji a sanda, suka mayar da sandar wurin hutawa. Ta kife kwanon ruwansu, ta ɓoye buhun dawa a ƙarƙashin gadonta, amma duk rigar Malam da ta ɗauko za ta wanke sai ta zazzage tsaba daga aljihu. Babba da shi, mai furfura, shugaban sashe guda, yana satar dawa a gidansa don ya ciyar da abin da ke kashe shi. In ta yi magana ya ce ba ta da imani, in ta yi shiru ya ce ai ta fara ganewa.

Tura ta kai bango wata Alhamis. Ta dawo daga makaranta ta yi sallama ba a amsa ba. A ƙofar ɗakin langa-langa ta same shi zaune a ƙasa, tsintsiya a cinya, baki buɗe yana neman iska kamar kifin da aka fito da shi daga ruwa. Leɓensa ya yi toka-toka. Maƙwabta suka taya ta ɗaga shi zuwa adaidaita sahu, a asibiti aka rufe masa hanci da baki da robar iska.

Likitan ya ja ta gefe. "Hajiya, ba zan ɓoye miki ba. In ya koma gidan nan yadda yake, ba na jin za ki sake kawo mini shi da rai."

Nan tsoro ya kama ta, tsoro na gaske. Duk faɗan nan da take yi, son mutumin nan take, da taurin kansa da komai, ba ta kuma san yadda za ta zauna a gidan da babu shi ba. Ta koma bakin gadon ta zauna. Can ya buɗe ido ya yafito ta, ya janye robar gefe. Ta sunkuya, ta ɗauka wasiyya zai bari.

"An ba su... ruwa?" ya ce.

Ta mayar masa da robar, ta gyara masa ita da kyau, ta fito waje ta kira wanta.

"Yaya, gobe ka zo. Wannan karon da wuƙa."

"Lauratu, dukiyar mijinki ce fa. Ya ba da izini?"

"Bai bayar ba, ba kuma zai bayar ba ko da a makara yake."

"To aurenki fa? Kin san yadda ya ɗauki tsuntsayen nan."

"Yaya, in ya sake ni ina da gidan ubana. In ya mutu ina zan samo shi?"

Habibullahi ya ce Allah ya kai mu.

Da sassafe kafin tattabarun su fito aka toshe bakin tukwane, aka cika kwanduna, aka fita da su bayan gari. Can aka yanka, can aka fige, aka rarraba sadaka. Habibullahi da masu aikin da ya ɗauko suka ɗaura takunkumi, suka jiƙe ko'ina da ruwa yadda likita ya ce don kada ƙura ta tashi, suka rushe ɗakin langa-langa, suka farfasa tukwane, suka kankare ƙasa aka zuba sabon yashi. Lauratu ta canza katifa da labule, ta sa aka shafe katanga da farar ƙasa. Da yamma ta zauna a tsakar gida ta ji shiru ya yi yawa, sai ga hawaye, abin da ya ƙara ba ta haushi ke nan. Naman da wanta ya rage mata ko taɓawa ba ta yi ba, maƙwabciya ta miƙa wa.

Da aka sallami Malam, likita ya ce ya ɗan zauna a wani wuri kafin ya koma gida, don haka wansa ya tafi da shi Kano. Kullum in ya kira waya sai ya tambayi lafiyar mutanensa, wato tattabaru, kullum sai ta ce, "Ka sha maganinka kuwa?" ta shiga ba shi labarin makaranta. Ƙarya dai ba ta yi masa ba, gaskiya ma ba ta faɗa ba, har ranar da ya ce yana hanya.

Da ƙafarsa ya fito daga mota, ya ɗauki jakarsa da kansa. Ya yi sallama ya shigo, ya tsaya cak. Ya dubi farar katanga, ya dubi inda ɗakin langa-langa yake a da, ya ɗaga kai sama bai ga komai ba.

"Ina suke?"

"Na sa an yanka su, Abban Safina. Duka. Ni na sa, kada ka ga laifin kowa."

Jakar ta faɗi daga hannunsa. Sai ya fara. Ya fara daga irin da ya gada wajen mahaifinsa, ya gangaro kan farar nan da ya rena tun tana shila, ya hau kan Habibullahi da ya ci amanar surukuta, ya sauka kan likitocin zamani da ba su san komai ba sai hoto. Ya ce ta buɗe wa maƙiyansa ƙofa, ya ce ashe da maciji yake kwana a ɗaki, ya ce in ya ga dama yau ɗin nan a Taura za ta kwana. Matan maƙwabta suka fara leƙe ta katanga.

Lauratu ta daɗe tana tanadin amsoshinta, kowace magana da tata, tana jira ne kawai tari ya tsayar da shi kamar kullum ta samu wurin shiga. Ta jira. Ya wuce kan surukai, ya wuce kan likitoci, ya dawo kan farar ya sake zagayowa, jijiyar wuya a miƙe, murya garau, tarin bai zo ba. Rabon da ta ji ya kai ƙarshen magana a numfashi ɗaya har ta manta. Amsoshin duk suka zube mata, ta sa gefen mayafi ta toshe baki.

"Au, dariya ma kike yi? Ko kuka? Kina ji na kuwa, Lauratu?"

"Ina ji, Abban Safina," ta ce tana share ido. "Ci gaba, ban gaji ba."

Ya harare ta, ya ja numfashi dogo har ƙasan ƙirjinsa, ya ɗora daga inda ya tsaya.