Hannu a Ƙugun Auta

"Ba nan ba. Sauko da hannun kaɗan, inda baya ya haɗu da ƙugu."

Sista ce ke magana daga kan gado, an tokare ta da matasai. Ni kuma ina tsaye a bayan 'yata Auta, wadda ta dafa tebur da hannu biyu, tsohon cikinta ya yi gaba. Na sauko da hannun. Sista ta ce ba dannawa nake yi ba, shafawa nake kamar mai tsoron kada yadi ya yamutse. Auta ta yi dariya, ni ban yi ba. Wannan bayan da ake koya mini taɓawa, ni na wanke shi tun bai fi tafin hannuna ba.

Katanga ɗaya ce tsakanin gidana da na Sista. Ungozoma ce, a asibiti ta yi aiki har ta yi ritaya, kuma rabin yaran layinmu a hannunta suka faɗo duniya, har da Auta. Wato hannunta ya riga nawa taɓa yarinyar, kuma daga ranar ban sake samun ta ni kaɗai ba. Ni ɗinki nake yi. Auta na rarrafe sai ta bar ƙarar kekena ta nufi ƙofar Sista. Da ta fara magana ni ta kira Inna, ita kuma Mama. Ranar da ta fara al'ada can ta kai labari. Cikin nan ma ban san da shi ba sai da na tsinci ƙwayoyin ƙarin jini a kan teburin yankana, alhali Sista ta daɗe da sani har ta tura ta awo. Allah bai ba Sista haihuwa ba, mutane kan ce in yi mata kara. Na yi karar, amma kishin bai taɓa barina ba.

Mijin Auta direban babbar mota ne, yau yana nan gobe ba ya nan, shi ya sa da cikin ya tsufa ta dawo wurina. Na ce to, yanzu dai tawa ce. Har na raka ta awo, na zauna a benci riƙe da jakarta. Bayan an auna jininta an saurari bugun zuciyar ɗan, nas ɗin ta ce yanzu ana barin mace ta shiga ɗakin haihuwa da mutum ɗaya da ta zaɓa, domin naƙuda ta fi sauƙi idan akwai wanda hankalinta ya kwanta da shi. Ta tambaye ta wa take so. Na gyara zama.

"Mama," in ji Auta.

Nas ta dube ni ta yi murmushi. Auta ta ce a'a, wannan Inna ce, Mama maƙwabciyarmu ce. Da muka iso gida na zauna a keke na ɗinke hannun rigar wata a bai-bai.

Ba a daɗe ba ciwon Sista ya fito fili. Ashe jini ya dawo mata bayan ta daɗe da daina al'ada, ta yi ta jan ƙafa. Matar da ta ƙare rayuwarta tana tare mata a ƙofa tana cewa su je a duba musu bakin mahaifa, ita ce ta je a makare. Likita ya ce sankara ce, kuma ta yi nisa. Ƙanwarta ta zo jinya. Na yi mata kuka, Allah ya sani, domin shekarunmu tare ba kaɗan ba ne. Amma da na ga ko banɗaki ba ta iya zuwa sai an riƙe ta, wani wuri a zuciyata ya ce to, ɗakin haihuwa kuma sai ni. Ban ji daɗin kaina ba, amma haka abin yake.

Ita ma ta san ba za ta iya ba, shi ya sa ta aiko a kira mu. Kullum da hantsi, lokacin da maganin ciwo ya ɗan sake ta, sai mu shiga. Ɗakin na warin maganin wanke rauni da man zafi. Tsohuwar farar rigarta ta aiki na rataye a bayan ƙofa, na'urar awon jini na kan kujera, kuma ko a wannan hali sai ta sa an ɗaura wa Auta ta duba da idonta.

Ta yi ta jero mini abubuwa kamar 'yar makaranta. In Auta ta ce kanta na sarawa, ko ganinta ya dushe, ko fuskarta ta kumbura, kada in jira gari ya waye ko miji ya dawo, asibiti kawai. Kada in ba ta wani jiƙo don naƙuda ta yi sauri. In bar ta ta yi tafiya, ta sha ruwa, ta durƙusa ko ta kwanta yadda jikinta ya so. Kada in bari kowa ya danna mata ciki don ɗa ya fito. In ya fito a ɗora mata shi a ƙirji, fata da fata, a lulluɓe su tare, wanka ya jira, kuma ruwan nonon farko shi ne abincinsa. Sannan in sa ido a kan zanen da ke ƙarƙashinta, in jini ya yi yawa in kira ma'aikata ba tare da jin nauyin kowa ba.

Na ce mata ni ma ai na haihu, ba a kan bishiya na tsinko nawa ba. Ta ce ta sani, tana wurin, kuma har yau kunnenta bai manta zagin da na yi mata ba. Ƙanwarta ta fashe da dariya, Auta ma haka. Ko da yaushe haka suke, ita da Sista a gefe ɗaya.

Wata rana Auta ta fita ɗebo mata ruwa, muka rage mu biyu. Abin da na daɗe ina haɗiyewa ya fito da kansa.

"Ni na haife ta, Sista. Me kika yi mata da ban yi ba?"

Ta ɗaga ido ta dubi silin. Ta rame har zoben hannunta ya koma babban yatsa.

"Ke in kin tsorata faɗa kike yi," in ji ta. "Ta faɗi ta fasa gwiwa, ki zage ta don kin ga jini. Ita ba ta san cewa tsoro ne ba, ni na sani. Ranar haihuwar nan za ki tsorata fiye da kullum, Maiɗinki. Kada ki ce mata ta yi shiru, kada ki ce ta ba ki kunya. In ta yi magana ki amsa mata, shi ke nan."

Na ce na ji. A raina kuwa cewa na yi ko a bakin kabari sai ta nuna ta fi ni sanin 'yata. Na miƙe zan fita ta riƙo gefen zanena, ta ce ni ma in je a duba ni, kada in yi irin wautarta.

Da la'asar ta rasu, ranar wata Talata. Ina kan keke ina haɗa 'yan rigunan jariri na ji kukan ƙanwarta ta kan katanga, sai na Auta ya biyo baya. A jikin Auta ta cika, tana ba ta ruwa da cokali. Kafin rana ta faɗi gidan ya cika da mata, kowace da ɗan da Sista ta karɓa, wasu goye, wasu har sun yi gemu suna tsaye a waje. Auta ta zauna a ƙasa ta miƙe ƙafafunta da suka yi nauyi, tana kuka ba sauti. Na zauna kusa da ita ina share nawa hawayen, ina tambayar kaina ko ranar tawa za ta yi mini irin wannan.

Naƙuda ta zo bayan 'yan kwanaki, da safe, mijin yana kan hanya. A asibiti wannan nas ɗin ce dai. Ta tambaya ina Mama, Auta ta kawar da kai, ni na ce ta rasu. Nas ta yi mana gaisuwa, ta miƙo mini riga da takalmin roba.

Ɗakin fari ne tas, da labule tsakanin gadaje. Muka yi ta zagaya shi, tana rataye a kafaɗata. Na ba ta ruwa. In ciwon ya taso sai ta dafa ƙarfen gado, in sa tafin hannuna inda aka nuna mini in danna da ƙarfi. Ungozomar da ke aiki kan zo ta duba ta, ta saurari ɗan, ta ce komai na tafiya daidai. Da rana ta take abin ya tsananta. Auta ta fara ihu, gumi ya jiƙa mata wuya, ta ce mutuwa za ta yi. Na ji faɗan ya taho har bakina, in ce ke wace irin raguwa ce, matar gadon can ba mutum ba ce? Na cije leɓe na ƙara danna hannun.

Sai ta runtse ido, ta laluba baya ta kama wuyan hannuna.

"Mama," ta ce. "Mama, kada ki tafi."

Ba ni take kira ba. Ni na san haka, ita ma da idonta a buɗe yake da ta sani. Abin ya soke ni har ƙasan zuciya, mace tana kabari amma ta riga ni shiga ɗakin. Na dubi ƙeyar yarinyar, gashinta ya manne da gumi kamar ranar da aka fara miƙo mini ita.

"Na'am," na ce. "Ina nan. Ba inda za ni."

Ta sauke numfashi, kafaɗunta suka saki. Ta sake kira, na sake amsawa, haka muka yi ta yi har kan ɗa ya leƙo.

Mace ce. Aka ɗora mata ita a ƙirji tana tsala kuka, aka yi wa Auta allurar tsayar da jini, na ja zane na lulluɓe su tare. Na tsaya ina duban zanen ƙasa kamar yadda aka ce mini, jinin bai wuce ƙa'ida ba. Can Auta ta buɗe ido ta gan ni. Ta ce Inna, hannunki bai gaji ba? Na ce bai gaji ba, ta kula da kan yarinyar. Ba ta tuna abin da ta kira ni ba, ni ma ban faɗa mata ba.

Da yamma na dawo gida ɗaukar musu kaya. Ƙanwar Sista ta wanke kayan ɗakin ta shanya, farar rigar aikin tana kan igiya, hannunta ɗaya ya sauko ta kan katanga zuwa tsakar gidana. Na tsaya da jakar jariri a kafaɗa. Na taɓa shi na ji bai gama bushewa ba, sai na bar shi a wurin.