A Kashe Injin Nan

"Baba, don Allah a kashe injin nan, ba ma jin ka," in ji mai ɗaukar sauti.

Tsohon direban ya dubi babbar motar da ke ruri a bakin garejin. "Gwada ta ake yi. Ku ɗaga murya, ni ba kurma ba ne."

Tun safe masu fim ɗin suka kafa masa kyamara a tsakiyar tsofaffin tayoyi. Fim suke haɗawa kan mutanen da sojoji suka kashe a ramin fasa dutse lokacin yaƙi, yau shekara talatin da ɗoriya. Ya gaji da su, ya gaji da kujerar. 'Yarsa ta kawo masa abinci, ta tsaya jikin ƙofa da kwano a hannu. Ita iyakar saninta, buhunan hatsi ya riƙa kai wa sojoji.

"Malama, na faɗa miki," ya ce da mai fim ɗin. "Tuƙi na yi. Ban taɓa riƙe bindiga ba."

"Mun zauna da wata tsohuwa da gidansu ke kusa da ramin," in ji ta. "Ranar aka tafi da mijinta. Ta ce ba ta ji harbi ko ɗaya ba. Ƙarar mota kawai ta ji, kusan awa guda, motar kuma tana tsaye. Har yau cewa take ƙila yana raye, tunda ba a yi harbi ba."

Direban ya dubi ƙafarsa ta dama. Ita ce ta danne totur a ranar har ta sage, kamar yadda wani kofur ya ce a yi, don kada a ji harbin.

"Za mu iya rufe maka fuska, mu canja murya," in ji mai fim ɗin.

"Ki rufe wa wa? Ga wadda nake ɓoye wa nan tsaye da kwano."

Ya miƙe da ƙyar, ya hau motar, ya murɗa makulli. Garejin ya yi tsit.

"Ajiye kwanon ki zauna," ya ce wa 'yarsa.

Ya koma kujerar, ya dubi mai sautin. "Yanzu kana ji na?"

Mutumin ya gyaɗa kai.

"To ku kai wa tsohuwar. An yi harbi. Ta daina jira."