Jiniyar Manaja

Sabon manajan masana'antar katako ya zo da digiri da bakin magana. Bai yi sati ba ya sa aka sauke tsohon durom ɗin ƙarfen da ake bugawa in wuta ta tashi, aka liƙa wata 'yar jiniya mai siririn kuka kamar sauro.

"Sauti girgiza ce," in ji shi, yana kallon ma'aikata a wulaƙance. "Ka ninka saurinta, ƙarfi ya ninku huɗu. Ka ninka faɗinta, huɗu kuma. Wannan 'yar abar ta fi gwangwaninku nesa ba kusa ba."

Wani tsohon ma'aikaci da ake kira Mai Zarto ya yi shekara talatin a bakin inji, kuma injin ya cinye masa duk wani siririn sauti. Ba ya jin tsuntsu, ba ya jin wayarsa, amma rurin babbar mota tsaf yake jinsa.

"Yallaɓai, lissafinka daidai ne," ya ce. "Kunnuwanmu ne ba su yi makaranta ba. Ƙara mai kauri muke ji."

"Gobe za a yi gwaji. Wanda bai fito cikin minti biyu ba, ya ajiye aiki," in ji manaja.

Tsoro ya kama tsohon sosai. Wa zai ɗauki kurma mai furfura aiki? Sai ya yi dabara: zai sa ido a kan Dogo na gefensa, in ya ruga shi ma ya ruga. Ashe Dogo ma shi ya sa wa ido.

Washegari da hantsi jiniya ta yi ta tsala ihu, tsofaffi bakwai suna ta yankan katako, kowa na satar kallon ɗan uwansa. Ta taga Mai Zarto ya hango manaja a fili, yatsa a kunne, ido a agogo. Nan ya gane jiniya ce ke kuka. Ya wawuri guduma ya yi lungun da aka yar da durom, ya narka masa sau uku. Kafin ka ce me, kowa ya fito.

Mai digiri bai iya shan kunya ba. Shida ya bari, ya sallami Mai Zarto, wai ya ɓata gwaji.

Mai Zarto ya kai bakin ƙofa da jakarsa sai ya ji dum, dum a bayansa. Manaja ne ya sa aka mayar da durom wurinsa, ana gwadawa. Tsohon ya ji shi tsaf.