Wayar da Octav Ya Cire

In ka ɗauke rigunansa masu warin dizal, abin da ya rage mana na ƙanena Octav muryarsa ce kawai, ita ma tana cikin wasan kwamfuta.

Octav direban tirela ne, daga nan garinmu Tecuci zuwa Jamus ya dawo. In ya zo hutu, maimakon ya huta kamar 'yan Adam, sai ya kunna kwamfuta ya kama tuƙin tirelar ƙarya da wani sitiyarin roba da ya ɗaure a bakin tebur. Na yi faɗa har bakina ya gaji. Mama kuwa, tun da ciwon suga ya cinye mata ido, sai ta ja kujera kusa da shi, wai rakiya take masa. A cikin wasan akwai wata baturiya da ke faɗa wa direba hanya. Mama ta ce matar ba ta da tarbiyya, ko gaisuwa ba ta yi. Shi ne Octav ya goge muryarta, ya naɗi tasa ya zuba a gurbinta. "Hagu, Mama, hagu! Riƙe haƙoran nan naki kada su zube." "Dama. Ba waccan ba, hannun da kike marina da shi." "Direba ya ɓata hanya, halin danginku ne." Mama ta yi ta dariya tana zaginsa, shi yana rama mata ta lasifika.

Zuciyarsa ce ta tsaya a wani wurin ajiye manyan motoci a Jamus, yana kwance a gadon tirela. Tun da muka binne shi, tuƙin ya dawo kaina. Kowace safiya kafin in tafi aiki sai in zauna a kujerarsa, Mama a gefena, in yi ta bugun shingen titi, shi yana yi mana tsiya. A wannan zaman ne kawai Mama take yarda ta ci wani abu.

A zuwansa na ƙarshe ya nuna mini wata waya mai ruwan toka da ya cire a bayan tebur. "Rodica, kin ga wannan? Ta intanet ce. Kada ta koma raminta." Ya ce manhajar da ake sayen wasanni a buɗe su ta cikinta ba ta da maɓallin "kada ki sabunta". Zaɓi uku ta bayar, duk ukun kuma sabuntawa ne, sai dai ka zaɓi yaushe. Shi ya zaɓi sai ran da aka zo buɗe wasan. "Amma da ta ji ƙanshin intanet, ta san an fito da sabo, ba za ta ƙara buɗe tsohon ba. In kuma ta sabunta, za ta ga na taɓa mata kaya, ta share ni ta dawo da baturiyar." Na ce to ya ajiye kwafi mana. Ya ce zai yi. Mutumin da lasinsa na tuƙi ya ɓata sau biyu!

Bayan rasuwar na je wurin Fane mai gyaran kwamfuta a kasuwa. Ya ce aikin ɗan lokaci ne, in kawo kwamfutar ya kwafe muryar, amma kada in yi karambanin taɓa komai da kaina. Mama ta ce atafau. Kayan mamaci ba ya fita daga gida kafin arba'in, baƙo ba ya sa masa hannu, domin ransa yana nan yana zaga ɗakuna yana duba abinsa. Na yi roƙo, na yi kuka, na yi fushi, duk a banza. Sai na samo salatif na naɗe wayar da ƙafar tebur, na zauna jiran arba'in da zuciya a hannu.

Ranar ta zo. Tun da Mama ba ta iya tsayuwar coci, Fada, limamin cocinmu, ya yarda ya zo gida ya yi addu'ar. Falo ya cika da dangi da maƙwabta da abokan tuƙin Octav, ga ƙanshin naman da muka naɗe a ganyen kabeji. Mama tana ɗakin Octav, an bar ƙofa a buɗe don ta ji. Kawu Traian, ƙanenta, tun safe yake zagaye gidan da sukudireba a aljihu. Rayuwarsa duka a kan falwayar kamfanin tarho ya yi ta. Ya ɗaure famfo, ya gyara ƙyauren banɗaki, ba wanda ya sa shi. Ni kuma koliva ta ɗauke mini hankali, dafaffiyar alkamar nan mai sukari da muka kwana biyu muna yi, na zana mata gicciye da garin koko.

Da Fada ya ɗauki waƙar ƙarshe, na ɗaga farantin kolivar, domin ni ce jininsa mafi kusa da ke iya tsayuwa. Goggo Safta ta kama gefen farantin da yatsu biyu, sauran mutane kowa ya dafa kafaɗar na gabansa har bakin ƙofa. Muna ɗagawa muna saukewa tare da waƙar. Kowa ya sani, ba a sakin wannan layi sai an kai ƙarshe.

Sai na ji hannu mai nauyi a kafaɗata. Kawu Traian ne ya kutso, yana haki, ya sunkuyo kunnena.

"Uwarki ta ce in kunna mata yaron, shi ma ya ji addu'arsa. Ashe wani shashasha ya naɗe muku wayar intanet da ƙafar tebur. Na mayar da ita."

Na waiga na dube shi.

"Ka yi me, Kawu?"

"Na mayar. Kwamfutar ta ce tana son sabuntawa, na danna mata shuɗin maɓallin. Kada ki gode mini, 'yar nan, riƙe farantinki."

Na leƙa ta saman kafaɗar Fada. Ta ƙofar ɗakin ina hango fuskar kwamfutar, da wani siririn layi da ke cika daga hagu zuwa dama. Mama na zaune a gabansa da baƙin ɗankwalinta, ta harɗe hannu, tana jiran ɗanta ya yi magana.

A ƙasar nan komai rarrafe yake yi. Jirgin ƙasa rarrafe, asibiti sai ka mutu layinka zai zo. Abu ɗaya ne Allah ya hore mana mai gudun tsiya, shi ne intanet. Sau nawa Octav ya yi wa Jamusawa gori da shi! Kafin mu ɗaga farantin mu sauke, layin ya wuce rabi.

"Kawu, don Allah don darajar iyayenka, je ka zare ta."

"A tsakiyar addu'a? Kin haukace?"

"Muryarsa za ta goge!"

"Ba abin da zai goge. Gyara take yi. Ni za ki koya wa waya?"

Goggo Safta ta mintsine ni a hannu. "Rufe mana baki, marar kunya, ƙanenki ake wa addu'a."

Fada kuwa ya lumshe ido ya ja waƙar, ya maimaita, ya sake maimaitawa. Ban taɓa jin tsanar murya mai daɗi ba sai ran nan. Na roƙi Allah a ɗauke wuta. Na roƙi Octav, tun da an ce yana cikin gidan, ya yi wani abu mana, ya ture kwamfutar, ya ƙone fis ɗin wuta. Hawaye na zuba kan koliva, mata na gyaɗa kai suna tausaya mini, ba su san layi nake kallo ba. Layin ya cika, wani sabo ya fito a ƙarƙashinsa ya fara tafiya. Ko ba a faɗa mini ba, na san wannan ne mai sharar.

Na saki farantin.

Ban ga faɗuwarsa ba, ƙararsa na ji a bayana, da salatin mata. Na bangaje Fada, na tsallake ƙafar Mama, na faɗa ƙarƙashin tebur. Wayoyi ne birjik, idona bai gane mai ruwan tokar ba. Na cafki babbar da ke bango na fizge da soket ɗin gaba ɗaya. Fuskar kwamfutar ta yi baƙi.

Waƙar ta tsaya cak.

"Me ya faɗi?" in ji Mama.

Goggo Safta ce ta durƙusa tana kwasar alkama daga kan kafet da cokali, tana cewa tun da take ba ta taɓa ganin wadda ta zubar da arba'in ɗin ɗan'uwanta ba. Fada ya kakkaɓe rigarsa, ya ƙarasa addu'ar a kan abin da aka tsince. Mutane suka ci abinci kai a sunkuye suka watse da wuri. Kawu Traian ya tsaya a bakin ƙofa yana juya hularsa.

"Ni taimako na yi, Rodica."

"Gyaran gangar Auzinawa ka yi, Kawu. Fita mini daga gani."

Ya fita tsakar gida ya zauna a kan bokiti. Raina bai yi sanyi ba ko kaɗan.

Da la'asar na faɗa wa Mama komai. Da na gama, ta ce, "Arba'in ta cika. Kira mai gyaran."

Fane ya zo da jakarsa. Ya tabbatar wayar tana waje, ya kunna. Wasan ya ƙi buɗewa, bai zama sabo ba, bai koma tsoho ba. Ya ce wannan ba komai, muryoyin suna wani wuri daban, bari mu saurare su ɗaya bayan ɗaya. Ya danna wadda ke cewa hagu. Baturiyar ce, da muryarta mai sanƙarar da jini. Ya danna ta dama, ita ce. Ta ɓatan hanya, ta shan mai, ta rage gudu, duk ita ce. Ina tsaye na riƙe bayan kujerar Mama, kowace dannawa sai in ce wannan karon shi ne. Fane ya daina kallona. Ya gangara ƙasan jerin, saura guda.

"Mun iso gida, Mama. Sauka a hankali, akwai taɓo."

Na toshe bakina da hannu. Fane ya yi maza ya kwafe ta wuri uku.

"Sake," in ji Mama.

Ya sake.

"Ta haƙoran fa? Inda yake cewa in riƙe?"

"Babu, Mama."

"Ta halin danginmu?"

"Ita ma babu. Wannan kaɗai ta tsira."

Ta miƙa hannu ta laluba sitiyarin robar, ta ɗan juya shi hagu, ta saurara. Ba abin da ya fito daga lasifika.

"Rodica," ta ce, "ba mu yi tafiyar ba, yaya zai ce mun iso?"