Sojan Gonar Wake

Labbo bai taɓa riƙe bindigar gaske ba. Tasa ta katako ce da aka shafa wa baƙin fenti, kakin kuma wani tela ne ya ɗinka masa a Tudun Wada. Sana'arsa wasan barkwanci da ake kallo a waya: kurtun soja mai sara wa jaki, a ce dama ya juya hagu, ya rufta kwata.

Wata safiya shi da Sabiru mai ɗaukar hoto suka je wani ƙauye bayan Karakkai neman kangon da za su yi wasa. Kangaye kam sun samu, har sun yi yawa. Yana cikin gyara hula sai ga mata da kwanduna, wata tsohuwa, Inna Wasila, a gabansu.

"Sannu da zuwa, ranka ya daɗe," in ji ta. "Wakenmu ya bushe, yana fashewa a gona. Mazanmu wasu na hannun mutanen daji, wasu sun gudu. Ka raka mu."

Labbo ya ce, "Inna, ki yi haƙuri, ni ɗan wasa ne. Wannan katako ne."

"Na sani, ɗan nan. Soja da silifa? Mu ne kusa da kai. Mutanen dajin kuwa daga kan dutse suke kallo."

"In suka sauko fa?"

"Kai za su fara harbi, ba zan ɓoye maka ba. In ba mu roro ba kuma, bana ba abin da za mu sa a tukunya."

Sabiru ya ce shi fa hoto ne aikinsa, ya tada babur ya tafi.

Ana yawan cewa jarumta daga zuciya take fitowa. Ta Labbo dai daga kunya ta fito, don ya rasa yadda zai wuce ta gaban matan nan ya bi Sabiru.

A bakin gona suka tsayar da shi cikin ciyawa, yadda ba za a ga silifan ƙafarsa ba. Ya tsaya, su kuma suka shiga roro.

Wajen la'asar ƙarar babura ta taso daga gindin dutse. Ba wadda ta ɗaga kai, hannuwansu kawai suka ƙara sauri. Saura kunyoyin wake uku a rore.

Labbo ya gyara hularsa. Ya ɗora katakon a kafaɗa, ya miƙe sosai yadda za a hango shi.