Matan Kwamiti Sun Share Gidan Fim

Sana'ar Fuatino tsufar da abu ce. Ka ba ta sabuwar tukunya da safe, kafin rana ta take ta mayar maka da ita kamar ta gadon kaka. Shekara da shekaru tana Auckland tana gina wa masu fim ɗakunan ƙarya, sunanta can ƙasan allo inda ba mai dubawa. Da furfura ta fara leƙowa sai ta ajiye aikin, ta komo ƙauyen uwarta a tsibirin Savai'i. Ta ce wannan karon fim ɗin nata ne, ita ce mai shi, ita ce mai tsara wurin.

Labarin na wani dattijo ne da matarsa ta mutu, gida ya lalace a kansa. Fuatino ta kafa gidan a bakin teku, ta turara ginshiƙansa da hayaƙi, ta jiƙa tabarmi da ruwan gishiri ta yayyage bakinsu, ta watsa ɓawon kwakwa ko'ina. Saura fitowa ɗaya, kuma dole a ɗauke ta ranar, domin Sefulu, tsohon da ke fitowa a dattijon, zai hau jirgin ruwan yamma a yi masa aikin ido. In ya tafi, fim ya tsaya.

Da safe ta iso ta tarar da gida yana ƙyalli. Sababbin tabarmi, furanni a ginshiƙai, duwatsun gefe sun sha farin fenti. Matan kwamitin tsabta na zaune cikin anko, suna jiran godiya.

Alapati, daraktan, ya dafe kai. "Yaya, mun shiga uku. Bari in je in gaya musu…"

"Rufe mini baki. Ka tsaya kan matar fasto kana ɗaga murya, yau ma a kore mu daga ƙauyen."

Ta cire takalmi, ta sunkuya ta shiga, ta zauna ta naɗe ƙafa gaban Matalena, matar fasto kuma shugabar kwamitin.

"Inna, sannunku da aiki. Allah ya biya."

"Ke dai kin ji kunya, 'yar nan," in ji Matalena. "Kin je birni kin manta tsintsiya? Duniya za ta kalli ƙauyenmu a talabijin da wannan ƙazanta? Ina da rai?"

"Inna, mutumin matarsa ce ta mutu."

"To mu mutuwa muka yi? Wane gwauro ne a ƙauyen nan muka bari cikin shara?"

Fuatino ta ga nan ba hanya, ga rana tana tafiya. Ta sha kokon da aka miƙo mata, tana juya abin a ranta. Can ta ɗago.

"Ai laifina ne, ban yi muku bayani ba. Dattijon ba ɗan nan ba ne. Mutumin bayan dutse ne."

Mutanen ƙauyen bayan dutse su ne suka ƙwace wa matan nan kofin gasar tsabta bara.

"Za a faɗi haka a ciki?" Matalena ta tambaya.

"Da bakinsa zai faɗa."

Alapati ya matso yana raɗa. "Yaya, ba haka aka rubuta ba."

"Ni ce mai fim. Je ka rubuta."

Matalena ta miƙe ta ɗaure zane. "To kin yi musu gata da yawa, 'yar nan. Ke ba ki san zamansu ba. Ku tashi!"

Aka naɗe sababbin tabarmi. Wata ta kawo toka, wata ɓawon gwaza, wata ta sako kajinta. Fuatino na tsakiyarsu da bokitin laka, tana shafe farin fenti da hannunta, tana nuna inda komai zai zauna.

La'asar sakaliya Sefulu ya zauna cikin gidan, aka kunna kyamara. Ya faɗi sunan ƙauyensa, ya kira matarsa, ba amsa. Alapati ya ce a yanke, an samu.

Ana saka tsohon a mota Matalena tana share hawaye da bakin zane, tana cewa, "Kai, mutanen bayan dutsen nan ba su da imani. Dubi yadda suka bar bawan Allah."